Gini Ikwatoriya: wace irin ƙasa ce, kuma ta yaya aka yi suke Sifaniyanci?

Ummu Hafsa

Assalamu alaikum jama'a. Maigidana ya samu aiki da wani kamfanin gine-gine a Bata, cikin ƙasar Gini Ikwatoriya, kuma ana maganar idan ya zauna da gindinsa ni da yara za mu bi shi. Takardun da aka aiko masa duk da Sifaniyanci suke, sai da aka nemo mai fassara. Abin ya ɗaure mini kai, domin maƙwabtansu Kamaru da Gabon Faransanci suke yi. Ta yaya Sifaniya ta faɗo nan? Sannan a taswira na ga ƙasar a warwatse, wani yanki a tudu, wani a tsakiyar teku. Don Allah wanda ya san ƙasar ya ba ni labarin tarihinta da mutanenta da yanayinta. Ba na son in kwashi yara in shiga inda ban san gabas ba balle yamma.

Baba Isyaku Mai Lantarki

Wa alaikumus salam, 'yata. Allah ya sanya albarka a aikin. Na yi 'yan shekaru a can lokacin da kuɗin mai ke kan ganiyarsa, ina aikin wayar lantarki, galibi a Malabo, wani lokaci a tura mu Bata.

Ki daina kallonta a matsayin wuri guda. Wurare uku ne da ba su haɗa kaka ba, Turawa suka ɗaure su da igiya ɗaya suka ce ga ƙasa. Idan kin riƙe wannan, sauran abubuwan za su zo miki da sauƙi.

Inda maigidanki zai je shi ne Rio Muni, yankin tudu, tsakanin Kamaru da Gabon. Duk ƙasar murabba'in kilomita 28,000 ce da ɗoriya, wajen 26,000 daga ciki Rio Muni ne. Mutanen can Fang ne, su ne mafi yawa a ƙasar nesa ba kusa ba, kuma 'yan uwansu suna kudancin Kamaru da arewacin Gabon. A bakin teku akwai Ndowe da Bisio, masunta. Sai tsibirin Bioko inda Malabo take, wanda ya fi kusa da Kamaru a kan sauran ƙasarsa: kilomita 32 ne kawai tsakaninsa da gaɓar Kamaru, ranar da gari ya washe kana tsaye a Malabo kana hangen Dutsen Kamaru. 'Yan asalin tsibirin su ne Bubi, manoman doya da gwaza, harshensu daban, al'adarsu daban, har dangantaka ta wajen uwa suke bi. Sunan Malabo ma na wani sarkinsu ne da ya rasu a 1937. Na uku shi ne Annobon, ɗan tsibiri can kudu, fiye da kilomita 500 daga Bioko, har sai ka tsallake wata ƙasar, Sao Tome da Principe, kafin ka kai. Harshen mutanen can daga na Fotugal ya samo tushe. Duka-duka jama'ar ƙasar ba su kai miliyan 2 ba.

Yadda Sifaniya ta shigo kuwa, ciniki ne. 'Yan Fotugal ne suka fara zuwa, wani matuƙin jirgi Fernao do Po ya iso tsibirin Bioko wajen 1472, shi ya sa aka daɗe ana kiransa Fernando Po. A 1778 Fotugal da Sifaniya suka zauna suka yi yarjejeniyar El Pardo, suna sasanta rigimar iyakokinsu a Kudancin Amurka, sai aka miƙa wa Sifaniya tsibiran nan a cikin musayar. Ta turo tawaga, zazzaɓi ya yi musu ɓarna, suka tattara suka bar wurin. Shekaru masu yawa tsibirin na Sifaniya ne a takarda kawai.

Cikin wannan giɓin Ingila ta shigo a 1827, ta kafa gari mai suna Port Clarence domin jiragenta masu tare jiragen bayi su samu mazauni. Garin nan shi ne Malabo ta yau. Bayin da aka 'yanta da mutanen Saliyo suka zauna a can, zuriyarsu su ne ake kira Fernandino, kuma daga gare su aka gaji Pichi, wani buroka da ake yi a Malabo har yau. Ni da shi na fara cin abinci kafin in tsinci Sifaniyanci, domin duk wanda ke jin buroka zai iya ciniki da shi a kasuwar Malabo. Amma fa a Bata ba zai kai ki ko'ina ba sosai. Can Fang ne da Sifaniyanci, sai Faransanci a bakin baƙi.

Yankin tudun ma sai a 1900 aka shata iyakarsa a Paris. Sifaniya ta je da buƙatar ƙasa makekiya, Faransa ta rage mata wannan 'yar murabba'ar. Ki duba taswira, za ki ga layukan gabas da kudu a miƙe sambal, babu ruwansu da inda dangi ya ƙare. Cikin dajin kuma sai wajen shekarun 1920 sojan Sifaniya ya taka shi da gaske.

Sun samu 'yanci ranar 12 ga Oktoba 1968, aka zaɓi Francisco Macias Nguema. Wannan babin ba a yin sa da ƙarfi a can, kuma ke ma kada ki tayar da shi a gidan mutane. Shekara 11 ya yi. Abokin takararsa Bonifacio Ondo Edu da Atanasio Ndongo, wanda ya rubuta taken ƙasar, duk a 1969 aka hallaka su. Ya rufe coci-coci, ya bi masu ilimi da kisa, ya sa aka lalata kwale-kwale don kada mutane su gudu. Duk da haka wajen kashi ɗaya bisa uku na jama'a sun tsere. Ranar 3 ga Agusta 1979 ɗan uwansa Teodoro Obiang Nguema ya kifar da shi, aka yi masa shari'a aka harbe shi a ƙarshen Satumba. Obiang ɗin nan shi ne a kan kujera har yanzu, in ban da sarakuna babu shugaban ƙasa a duniya da ya kai shi daɗewa. Su biyun daga yankin Mongomo suke, can gabashin Rio Muni, kuma Bubi ba su taɓa daina jin cewa an zo an mamaye musu tsibiri ba. Ba za su faɗa miki ba sai kun saba.

Sai mai ya zo. A 1995 aka gano rijiyar Zafiro a teku kusa da Bioko, a shekara ta gaba aka fara haƙa, ƙasar da take roƙon agaji ta wayi gari cikin manyan masu fitar da mai a Afirka ta kudu da Sahara. Abin da ya kai irinmu can ke nan. Tituna dai an yi su, wannan ba zan ci amanarsu ba. Hanyar da ta ratsa daji daga Bata zuwa gabas ta fi ta manyan ƙasashe da yawa. An gina Sipopo kusa da Malabo, gidaje fiye da 50 na alfarma domin shugabannin da suka zo taron Tarayyar Afirka a 2011. An kuma sare daji a Oyala an gina sabon birni, Ciudad de la Paz, domin mayar da fadar gwamnati can. Amma ni da na ja waya a irin waɗannan gine-ginen, da yamma unguwar da nake komawa mata ne ke layi da jarkoki a bakin famfo guda. Wannan shi ne abin da na kasa haɗiyewa a ƙasar.

Mutanen kansu, mafi yawa Kiristoci ne 'yan Katolika, sunayensu na farko na Sifaniya, na biyu na gida. Babbar majami'ar Malabo mai hasumiya biyu an gama ta a 1916, gobara ta ci wani ɓangarenta a 2020. Suna da son gaisuwa. Kada ki shiga shago ki fara tambayar kuɗin kaya ba ki ce buenos dias ba. Abincinsu rogo ne da filanten da gwaza, miyar gyaɗa, kifi gasashshe a ganye, da farfesun kifi mai yaji da suke kira pepesup. Idan aka miƙo miki malamba ko tope ki ce kin gode, na farko giyar rake ce, na biyu bammi. Abin da ya fi burge ni a al'adar Fang shi ne mvet, wani abin kiɗa na dogon karan tukurwa da tsirkiya da ƙwarya a jiki. Mai kaɗa shi yakan kwana yana rera labarin yaƙi tsakanin mutanen da ba sa mutuwa da masu mutuwa, jama'a na amsa masa. Ban ji ko kalma ɗaya ba a daren da aka kai ni, amma ban tashi ba sai da ya ajiye.

Malam Nasiru

Baba, Allah ya ƙara girma, kun gama magana. Ku yi mini izini in cike wani gurbi, domin tsakanin 1900 da 1968 akwai labarin da ya shafi 'yan Najeriya kai tsaye.

Arzikin Fernando Po kafin mai koko ne. Ƙasar tsibirin toka ce ta dutse mai aman wuta, ga ruwan sama, sai kokon ya yi kyau har ana lissafa shi cikin mafi inganci a duniya. Daga can ne ma Tetteh Quarshie, maƙeri ɗan Gana, ya koma gida da irin koko a shekarun 1870, kuma shi ake yabawa da kafuwar noman koko a Gana. Matsalar masu gonakin kullum ita ce ma'aikata. Bubi ba su da yawa, cututtukan baƙi sun rage su, kuma sun ƙi aikin ƙwadago a gonar wani, sun gwammace su shuka nasu kokon. Sai aka riƙa kwaso mutane daga waje. Da farko daga Laberiya, har abin ya zama abin kunya: binciken Majalisar Ƙasashen Duniya ta wancan zamani a 1930 ya nuna ana tura mutane kusan da ƙarfi, shugaban Laberiya Charles King ya sauka daga mulki a kan haka.

Da ƙofar Laberiya ta rufe sai aka juyo kan gabashin Najeriya. A 1942 Turawan Ingila suka sa hannu a yarjejeniyar ƙwadago da Sifaniya, Ibo da Ibibio da Efik suka riƙa tsallakawa daga Kalaba zuwa inda suke kira Panya, wasu da takarda, wasu a kwale-kwalen 'yan fasa-ƙwauri. Zuwa shekarun 1960 'yan Najeriya sun fi 'yan asalin tsibirin yawa. Labarin bulala da hana albashi ya riƙa fitowa a jaridun Legas, har wasu suka yi ta kira a ƙwace tsibirin gaba ɗaya. A lokacin yaƙin basasa kuma daga filin jirgin Santa Isabel, sunan Malabo a wancan lokaci, ƙungiyar Red Cross ta riƙa tashi da kayan agaji zuwa Biyafara, kafin Macias ya tsayar da ita a farkon 1969.

Ƙarshen zaman ya zo a zamanin Janar Murtala. Da cin zarafin ma'aikata ya yi yawa a ƙarƙashin Macias, gwamnatin Najeriya ta tura jiragen ruwa da na sama daga ƙarshen 1975 zuwa farkon 1976, aka kwaso dubban mutane. Gonakin suka zama kufai. Ƙasar da take fitar da koko fiye da tan 30,000 a shekara lokacin samun 'yanci ta koma ƙasa da tan 10,000, kuma ba ta sake tashi ba. Baba, na tabbata kun ga tsofaffin rumbunan shanya koko a hanyar Luba, daji ya cinye su.

Ina kawo wannan ne, Hajiya, domin ki gane inda tsaurinsu a kan baƙo ya samo asali. Ƙasa ce mai mutane kaɗan da ta saba ganin baƙi sun fi ƙarfin 'yan gida, jiya a gonar koko, yau a kamfanin mai da na gini. Ga kuma yunƙurin juyin mulki na 2004, wanda aka kama Simon Mann da sojojin haya a filin jirgin Harare suna shirin tasowa. Tun daga nan ido ya ƙara buɗewa a kan duk wanda ba ɗan ƙasa ba.

A kan mai kuma, Baba, zamanin da kuka gani ya wuce. Haƙar ta kai ƙololuwa a tsakiyar shekarun 2000, ta haura ganga 300,000 a rana, tun daga nan take raguwa. Sun shiga OPEC, ƙungiyar ƙasashe masu fitar da mai, a 2017 rijiyoyin sun riga sun fara ja da baya. Inda kuɗin ya tafi ba ɓoyayye ba ne gaba ɗaya: a shekarar 2017 ɗin wata kotu a Paris ta samu ɗan shugaban, Teodorin, wanda shi ne mataimakin shugaban ƙasa, da laifin wawure dukiyar jama'a, aka ƙwace kadarorinsa a Faransa. Don haka maigidanki ya tabbatar da yadda za a riƙa biyansa tun kafin ya tashi, domin aikin gini a can da kuɗin gwamnati yake tafiya.

Anti Binta

Ƙanwata, maza sun cika ki da siyasa, bari in ba ki labarin daji, shi ne fannina. Na je kudancin Bioko tare da wata tawagar masu nazarin namun daji, kuma ban taɓa ganin ruwa irin na can ba. Akwai ƙauye a gaɓar kudu, Ureka, inda ruwan sama ke haura milimita 10,000 a shekara, wato mita 10, yana cikin wuraren da suka fi ko'ina ruwa a Afirka. Tufafi ba sa bushewa, littafin rubutu ma sai ka sa shi a leda biyu. Dalilin shi ne iskar teku mai ɗauke da danshi tana tasowa daga kudu maso yamma ta ci karo da duwatsu, sai ta juye kayanta a nan.

Tsibirin gaba ɗayansa duwatsu ne masu aman wuta, a layi ɗaya da Dutsen Kamaru da Sao Tome da Annobon. Mafi tsawo shi ne Pico Basile, mita 3,011, yana tsaye a bayan Malabo, yawancin rana gajimare ya rufe shi. A tudun Moka sanyi ake yi na gaske, sai da rigar sanyi, har da shanu da lambunan kayan miya, ka rantse ba a kusa da tsakiyar duniya kake ba.

Abin da ya sa masana ke rububin Bioko shi ne a da a haɗe yake da Kamaru. Wajen shekara 10,000 da suka wuce teku ya taso ya raba su, dabbobin da suka rage a can suka ci gaba da rayuwa su kaɗai har suka ɗan bambanta da 'yan uwansu na tudu. Birai iri bakwai ne a tsibirin. Akwai dril, ƙaton biri mai baƙar fuska da gindi mai launi, da wani jan biri mai suna kolobus na Pennant wanda yanzu kusan sai a cikin babban ramin dutsen Luba ake samunsa. Daga Nuwamba zuwa Fabrairu kuma kunkurun teku iri huɗu suna fitowa da dare su yi ƙwai a baƙin yashin gaɓar kudu. Mafi girmansu, mai bayan fata, yakan kai nauyin ɗaruruwan kilo. Ka ga sawunsa a yashi da safe sai ka ce tarakta ce ta wuce.

Abin takaicin shi ne kasuwa. Naman daji abincin masu kuɗi ne a Malabo, kuma da kuɗin mai ya shigo farashinsa ya tashi, mafarauta suka ƙaru. A 2007 an yi dokar hana farautar birai, amma duk wanda ya zaga kasuwar Semu ya san inda dokar ta tsaya. Titin da aka yi zuwa Ureka ya kawo wa mutanen ƙauyen sauƙi, ya kuma kawo wa mai bindiga sauƙi.

Ku da za ku zauna a Bata, naku dajin shi ne Monte Alen, gandun da ya kai murabba'in kilomita 2,000. Akwai goggon biri da cimfanzi da giwar daji, wadda ta fi ta fili ƙanƙanta, haurenta a miƙe. A kogunan yankin ake samun kwaɗon da ya fi kowane girma a duniya, yakan haura kilo 3. Farin goggon birin nan da ya yi suna a gidan namun dajin Barcelona har ya mutu a 2003, a Rio Muni aka kama shi yana ƙarami a 1966. Barazanar wannan dajin kuwa katako ne, musamman itacen okume da ake lodawa a tashar Bata zuwa Asiya.

Ummu Hafsa

Kai, Allah ya saka muku da alheri, Baba da Malam da Anti. Na karanta wa maigidan duka. Baba, saura abu uku: Musulmi fa, akwai masallaci da inda za a samu naman yanka? Makarantar yara da wane harshe? Sannan wane lokaci ne ya fi dacewa a tafi, tunda Anti ta tsorata ni da ruwa?

Baba Isyaku Mai Lantarki

Kwantar da hankalinki, 'yata, ruwan Ureka ba shi ne na Bata ba. Yanayin ma a rabe yake kamar ƙasar. Daga Yuni zuwa Agusta Bioko na cikin ruwa tsundum, a lokacin Bata ke samun rani mai ɗan sanyi, shi ne lokacin da ya fi daɗin sauka da yara. Malabo kuwa nata ranin daga Disamba zuwa Fabrairu yake. Zafin bai kai a ce wani abu ba, gumi ne dai ba ya bushewa. Sauro kuma ba wasa, gidan sauro da maganin zazzaɓi su riga akwatin kayan kwalliya shiga jaka.

Musulmi 'yan kaɗan ne, galibinsu baƙi: Hausawa da Fulani daga Kamaru da Najeriya, 'yan Mali, 'yan Senegal. Akwai masallatai a Malabo da Bata, kuma duk inda kika ga mai gasa nama ko mai shagon tireda ɗan Afirka ta Yamma, ki tambaye shi mahaucin da yake saye a wurinsa. Ki kula da naman kanti, yawanci daskararre ne daga waje. Kusan komai shigo da shi ake yi, tumatir da albasa ma daga Kamaru, don haka albashin da ya yi kama da mai yawa a takarda ki raba shi biyu a ranki. Kuɗinsu sefa ce ta Afirka ta Tsakiya, irin ta Kamaru da Gabon, tun 1985 suka shiga. Ba ita ce sefar Nijar ba ko da darajarsu ɗaya.

Makarantun gwamnati da Sifaniyanci suke koyarwa. Faransanci da harshen Fotugal suna cikin harsunan hukuma, amma na Fotugal a takarda ya tsaya, ba za ki ji shi a titi ba. Maigidanki ya fara zuwa ya zaga makarantun kuɗi da ƙafarsa kafin ku taso. Yara dai ba a jin su, kafin ki haɗa jimla ɗaya sun fara yi miki tafinta a kasuwa.

Ki gaya masa daga bakina: katin rigakafin shawara ya kasance a hannu tun daga filin jirgi, takardar zama kuma kada ya bari ta ƙare ko da kwana ɗaya, ya riƙa yawo da kwafinta domin shingayen bincike suna da yawa a hanyoyin Rio Muni. Kada ya ɗaga waya ya ɗauki hoton barikin soja ko filin jirgi ko tashar ruwa ko gidan gwamnati. Fasfo ɗinsa kuma ya zauna a wurinsa, kada ya bar wa kamfani ajiya.